Bugun zuciya biyu cikin kwana 9: yadda wani jarumin Faransa ya koma gaban kyamara

Wannan labarin wani ɗan wasan barkwanci ne na ƙasar Faransa wanda a zamaninsa babu mai jan mutane zuwa sinima kamarsa a ƙasar, sai a watan Maris na 1975 zuciyarsa ta buga, aka wayi gari mutumin da kowane furodusa yake nema ya zama wanda ba a iya ɗauka aiki. Zan bar sunansa sabida matsalar da yadda aka yi da ita nake so mu bi, amma 'yan uwanmu na Nijar da Kamaru da Chadi masu kallon tashoshin Faransa nasan kafin mu yi nisa zasu gane shi, ɗan gajeren dattijon nan mai sanƙo da yake sa kakin jandarma yana zazzare ido yana yi wa yaransa tsawa.

1914 zuwa 1963: kusan shekara 20 a gefen hoto

An haife shi ranar 31 ga Yuli 1914 a Courbevoie dake gefen birnin Paris, iyayensa 'yan ƙasar Sifaniya ne da suka yi ƙaura. Bai shiga harkar da wuri ba. Ya taɓa ƙananan ayyuka iri-iri, lokacin da Jamus ta mamaye Faransa a yaƙin duniya na biyu kiɗan fiyano yake yi a mashayun Paris cikin dare dan ya samu na abinci, a 1942 ne ya shiga makarantar koyon wasa ta Cours Simon yana da shekara 28. Fim ɗinsa na farko ya fito a 1946, mai tsaron ƙofa aka bashi kuma bai cika minti ɗaya a allo ba.

Daga nan aka ɗau shekaru ƙananan matsayi kawai yake samu, yau direba, gobe mai kai abinci a otal, jibi ɗan sanda ko maƙwabci mai masifa, akwai shekarun da ya fito a fim sama da goma amma in ka tashi shan ruwa ka dawo an wuce wajensa. Wannan zaman shi ya gina masa salonsa. Wanda aka ba daƙiƙa 40 a fim bashi da lokacin da zai bi mai kallo a hankali, dole ya yi da gira da baki da kafaɗa da ƙafa duk a lokaci guda, toh haka ya saba, yana magana da sauri yana tsalle yana kumbura fuska har ta yi ja, kuma mutum ɗaya yake ta juyawa a matsayi daban-daban, ƙaramin oga mai fadanci ga na sama da shi mai taka na ƙasa da shi. A 1956 ya fito a La Traversée de Paris tare da Jean Gabin da Bourvil a matsayin mai kanti dake sayar da nama a ɓoye lokacin yaƙi, ɗan gajeren waje ne amma mutane suka riƙe shi.

A dandamali kuma ya yi aiki da ƙungiyar Robert Dhéry, sannan ya samu wasan Oscar na Claude Magnier wanda ya zaga garuruwa da shi a 1959 ya kawo shi Paris a 1961. A wannan wasan akwai wajen da yake haukacewa dan takaici yana jan hancinsa kamar roba yana zagaye dandamali, kuma 'yan kallo in suka yi dariya sai ya ƙara, gobe ma ya ƙara, yana saukowa jiƙe sharkaf da gumi.

1964 zuwa 1973: shekarun da komai ya buɗe

Sai da ya kai shekara 50 sannan abun ya zo, kuma da ya zo gaba ɗaya ya zo. A 1964 Le Gendarme de Saint-Tropez ya sayar da tikiti miliyan 7.8 a Faransa. A 1965 Le Corniaud na darakta Gérard Oury, shi da Bourvil, miliyan 11.7. A Disamba 1966 La Grande Vadrouille, su ukun dai, ya wuce miliyan 17 a ƙasar da mutanenta a lokacin basu cika miliyan 50 ba, kuma babu fim ɗin da ya karya wannan adadin a Faransa sai Titanic a 1998. Yana yin fim biyu, uku, har huɗu a shekara. A 1967 ya sayi babban gidan Clermont a garin Le Cellier kusa da Nantes a bakin kogin Loire, nan yake komawa yana noman furanni da kayan lambu in ya samu sarari.

Bourvil ya rasu a Satumba 1970, dan haka fim na gaba da Oury, La Folie des grandeurs na 1971, da Yves Montand aka yi shi. Tsakanin 1971 da 1973 ya sake komawa dandamali da Oscar ɗin nan a gidan wasa na Palais-Royal, yana dab da shekara 60 yana yin irin tsallen da ya yi yana ɗan 47. Sai kuma Les Aventures de Rabbi Jacob wanda a ciki ya faɗa cikin katuwar tukunyar koren cingam, ya yi gudu, ya yi rawa mai wuya da sai da ya zauna ya koya. Shi ma ya kawo miliyan 7.3.

Oktoba 1973 zuwa Afrilu 1974: wasan dandamali na ƙarshe

A watan da Rabbi Jacob ya fito, Oktoba 1973, a watan ya fara sabon wasa a Comédie des Champs-Élysées, La Valse des toréadors na Jean Anouilh, yana fitowa a tsohon janar. Matsayi ne mai dogon zance kuma shi ke ɗauke da wasan tun daga farko har ƙarshe. Ya yi shi kusan sau 200 cikin wata 6, wato kusan kullum kenan, yana da shekara 59. A Afrilu 1974 aka rufe wasan ya sauko a gajiye matuƙa.

Afrilu 1974 zuwa Maris 1975: an gwada hutu

Matakin farko da aka ɗauka shi ne wanda kowa zai ɗauka, ya tafi Clermont ya huta. Kusan shekara guda bai ɗau fim ba bai hau dandamali ba, yana lambunsa. Amma hutu ne na mai shirin komawa aiki irin na da, sabida akwai fim na biyar da zasu yi da Oury mai suna Le Crocodile, inda zai fito a shugaba ɗan kama-karya da yake shirya harin ƙarya a kan kansa dan mutane su sake sonsa, fim mai gudu da faɗuwa da duk irin abubuwan da aka sanshi da su. An tsara fara ɗauka a Mayu 1975 a ƙasar Girka, an riga an kashe kuɗi wajen shiri, an ɗau 'yan wasa.

21 da 30 ga Maris 1975

Ranar 21 ga Maris 1975 yana Paris ciwon ƙirji ya kama shi, aka kai shi asibitin Necker, likitoci suka tabbatar bugun zuciya ne. Ranar 30 ga wata yana kwance a asibitin, ana ganin kamar ya fara samun sauƙi, na biyu ya zo kuma ya fi na farko tsanani. Ya yi kusan wata biyu a asibiti.

Yana da kyau a fahimci abun da ke faruwa a jiki a irin wannan. Zuciya tsoka ce, tana da nata jijiyoyin dake kai mata jini, in ɗaya ta toshe sai ɓangaren tsokar da take ciyarwa ya mutu, kuma wanda ya mutu baya dawowa, tabo yake zama, ragowar ce zata ci gaba da aikin duka. Jijiyoyin kuma shekaru suke ɗauka suna tsukewa a hankali kafin ranar da zasu toshe. A 1975 dabarun da likitocin zuciya suke yi yanzu na buɗe jijiya cikin awanni babu su, sai a Satumba 1977 Andreas Grüntzig ya fara buɗe jijiyar zuciyar mutum da ɗan balan-balan a birnin Zurich, shi kuma ɗan bututun waya da ake sakawa ya riƙe jijiyar a buɗe sai 1986 aka fara sa shi a Toulouse. Akwai tiyatar yi wa jini sabuwar hanya tun ƙarshen shekarun 1960 amma babban aiki ne da ba kowa ake yi wa ba. Dan haka yawancin abun da ake yi wa mara lafiya a lokacin shi ne kwanciya, magani, gyaran abinci, da hana shi duk abun da zai sa zuciyar gudu.

Haka aka yi masa. Aka ɗora shi a kan tsauraran dokokin abinci, babu maiƙo babu giya babu kofi, ya rame sosai har fuskarsa ta canza, duk wanda ya kalli fina-finansa na kafin 1975 da na bayanta zai gani da idonsa. Likitoci suka ce dandamali kam ya gama da shi har abada, fim ma shawararsu ita ce ya haƙura.

Sauran 1975: an soke fim, inshora ta janye

Le Crocodile ya mutu a nan, kuɗin da aka zuba a shirinsa suka tafi. Daga baya Oury ya nemi ya farfaɗo da shi da jarumin Ingila Peter Sellers, sai shi ma Sellers ɗin bugun zuciya ya kashe shi a Yuli 1980, har yau ba a yi fim ɗin ba.

Toh ga inda maganar ta ƙulle. Da ya fara samun ƙarfi ya nuna yana son komawa aiki, zaman gidan ya dame shi ƙwarai, mutumin da ya jira har shekara 50 kafin a san da shi ace shekara 11 kawai ya ci a sama shikenan a rufe. 'Yan kallo suna nan suna jiransa. Amma babban fim a Faransa ba a fara shi sai da inshora, kuma kafin kamfanin inshora ya sa hannu sai likitansa ya duba manyan 'yan wasan. Dalilin a fili yake, in an ɗau rabin fim jarumin ya kwanta ciwo ko ya rasu, duk abun da aka ɗauka ya zama asara sabida fuskarsa ce a kowane sin, ga kuɗin ma'aikata da hayar situdiyo da kayan aiki duk an biya, toh kamfanin inshorar ne zai mayar da wannan kuɗin. In babu takardar inshora banki baya bada rance, masu rarraba fim a sinimomi basa bada kuɗin gaba, furodusa sai dai ya sa dukiyarsa in yana da ita. Kamfanonin suka duba takardunsa, shekara 60 da ɗoriya, bugu biyu cikin kwana 9, ga kuma irin wasan da yake yi wanda duk Faransa ta sani, suka ce basa yi.

Wayarsa ta yi shiru. Manyan furodusoshin da suka ci riba da shi shekara goma babu wanda ya iya tsallake wannan katangar, wasu ma basu gwada ba.

1976: tsarin da aka yi

Wanda ya tsaya a kan maganar matashin furodusa ne, Christian Fechner, haifaffen 1944, wanda ya yi kuɗinsa da fina-finan barkwancin matasa na ƙungiyar Les Charlots kuma ya daɗe yana burin aiki da dattijon. Yana da labari a hannu tare da darakta Claude Zidi, shi ne L'Aile ou la Cuisse. Fechner ya yi ta zirga-zirga tsakanin likitoci da kamfanonin inshora har ya samu wanda ya yarda, amma da sharuɗɗa kuma ba cikakkiyar inshora ba, sauran haɗarin ya ɗauka a wuyansa.

Sai aka gina aikin gaba ɗaya a kan abun da jikin zai iya. Awannin aikinsa a rana aka rage su sosai, 'yan awanni ne ya tafi ya huta. Akwai likitan zuciya a wajen ɗauka, akwai motar asibiti a ajiye da kayan farfaɗo da mutum. Yawancin aikin a Paris da kewayenta aka yi shi, babu maganar tafiya wata ƙasa mai zafi a yi wata biyu. Matarsa wadda dama ta saba binsa wajen aiki tana nan tana sa ido. An fara a watan Mayu 1976, wata 14 bayan bugun.

Labarin kansa ma ya dace da halin da yake ciki. Ya fito a matsayin dattijo mai kamfanin littafin dake bai wa gidajen abinci maki, irin na Michelin, mutum mai ji da kai da yake ɓad da kama ya shiga gidan abinci ya ɗanɗana ya rubuta, yana rigima da wani attajiri mai masana'antar abincin roba, kuma ƙarshen rigimar a shirin talabijin ake yinta kowa a zaune. Wasa ne na fuska da murya da ido, ga kayan ɓad da kama da suke kawo dariya tun kafin ya motsa. Abun tausayi a ciki, duk wannan abincin da ake jerawa gabansa a fim ɗin yawancinsa likita ya haramta masa.

Sannan aka raba nauyin. Matsayin ɗansa da farko Pierre Richard aka so ya yi, ya janye, aka kawo Coluche wanda shekara 30 ne tsakaninsu, yaro mai tashe a barkwancin dandamali a lokacin. A labarin ɗan yana gudu daga kamfanin uban yana zuwa wasan barkwanci da ake yi a cikin tanti a ɓoye, dan haka faɗuwa da shan duka da watsa kumfa duk suka koma kansa. Shi dattijon da kansa ya nemi a rubuta sunan Coluche a fosta daidai girman nasa, abun da bai zama dole ya yi ba ko kaɗan a matsayin da yake. A hirarrakin da ya yi a lokacin ya faɗa a fili cewa wancan fushin da hargowar da aka sanshi da su ba zai iya su ba kuma.

An gama ɗauka lafiya babu abun da ya faru. Fim ɗin ya fito ranar 27 ga Oktoba 1976 ya sayar da tikiti miliyan 5.8, shi ne fim ɗin Faransa da ya fi kowanne kasuwa a shekarar, fim ɗin Amurka Jaws ne kawai ya wuce shi.

1978 zuwa 1982: fim ɗaya a shekara

Da aka ga an yi an gama lafiya sai ƙofar ta sake buɗewa, da irin waɗannan sharuɗɗan. La Zizanie a 1978 tare da Annie Girardot, miliyan 2.8. A 1979 ya sake sa kakin jandarma a Le Gendarme et les Extra-terrestres na darakta Jean Girault, wannan wani kamfani ne daban ya yi shi ba Fechner ba, ya kawo miliyan 6.3 ya zo na ɗaya a Faransa a shekarar duk da masu sharhi a jaridu sun yi kaca-kaca da shi.

Na 1980 shi ya fi jan hankalina. Ya daɗe yana son ya fito a marowacin nan na wasan L'Avare da marubucin Faransa Molière ya rubuta a 1668, matsayin da duk wani babban ɗan wasan barkwanci na Faransa yake so ya taɓa a dandamali kafin ya mutu, shi kuma an hana shi dandamali. Sai suka ɗauko wasan suka kawo shi gaban kyamara shi da Girault, zancen Molière kusan yadda yake ba a taɓa ba, aka yi ta ɗaukarsa gutsure-gutsure yana hutawa a tsakani, kuma shi ne fim ɗaya tilo da sunansa ya fito a matsayin darakta. Kasuwa bata karɓe shi kamar sauran ba, miliyan 2.4, wanda ga wani jarumin babbar nasara ce amma a ma'auninsa ƙasa ne. A Fabrairu na shekarar aka bashi lambar girmamawa ta César, Jerry Lewis na Amurka ne ya miƙa masa.

Sai La Soupe aux choux a Disamba 1981 tare da Jean Carmet da Jacques Villeret, labarin tsofaffi biyu a ƙauye, miliyan 3.1, a nan kam a wurare da yawa wasa yake a natse irin na tsohon da ya gaji da duniya. Na ƙarshe shi ne Le Gendarme et les Gendarmettes a Oktoba 1982, miliyan 4.2. Ana tsakiyar aikin wannan fim ɗin darakta Jean Girault ya kwanta ciwo ya rasu a Yuli 1982, mataimakinsa Tony Aboyantz ya ƙarasa. Girault abokin aikinsa ne tun 1963, sun yi fim 12 tare, rasuwar ta taɓa shi sosai.

Jimilla fim 6 daga 1976 zuwa 1982, tikiti sama da miliyan 24.

27 ga Janairu 1983

Yana gidansa na Le Cellier bugu na ƙarshe ya same shi, aka kai shi asibiti a Nantes ya cika a ranar yana da shekara 68. Shekara 7 da wata 10 kenan daga bugun farko. Ya rasu akwai aiki yana jiransa, Fechner ya tanadar masa matsayi a Papy fait de la résistance, aka yi fim ɗin babu shi a 1983 aka sadaukar masa. Tun daga lokacin talabijin ce ta riƙe shi, tashoshin Faransa basu daina maimaita fina-finansa ba, lokacin kullen korona a 2020 ma su aka riƙa sakawa da rana miliyoyin mutane na kallo.

Abun da ya yi aiki da wanda bai yi ba

Hutun 1974 bai hana komai ba, kuma in aka duba yadda ciwon yake ba abun mamaki bane, hutu yana cire gajiya amma baya buɗe jijiyar da ta riga ta tsuke, ga shi kuma aikin da yake shirin komawa irin wanda ya gajiyar da shi ne sak. Ba zan ce wasan Anouilh ne ya jawo ciwon ba, ciwon ya girmi wasan, amma ɗan shekara 59 ya fito daga Rabbi Jacob kai tsaye ya hau dandamali sau kusan 200 babu tsayawa, a ganina akwai waɗanda ya kamata su ce masa a'a a lokacin, kuma da wuya a samu mai cewa a'a ga mutumin da kowa ke cin abinci ta dalilinsa.

Shawarar ya bar aiki gaba ɗaya ita ma bata zauna ba, sabida an yi ta ne da lissafin zuciyar kawai ba a sa mai zuciyar a lissafi ba. Su kuma kamfanonin inshora gaskiya bana ganin laifinsu, tsoronsu na gaske ne, abun da ya samu Peter Sellers ya isa shaida, kuma mutumin namu ma a ƙarshe ciwon ne ya yi ajalinsa. Tambayar da suke amsawa ita ce shin zai iya yin fim irin na da, amsar kuma a'a ce. Abun da Fechner ya yi shi ne ya kawo musu wata tambayar daban, zai iya yin 'yan awanni a rana, a Paris, likita na tsaye, wani yaro na ɗaukar faɗuwar? Wannan ana iya lissafa haɗarinsa, kuma ya nuna da gaske yake tunda ya sa kuɗinsa a inda suka ƙi sawa. Da fim ɗin farko ya wuce lafiya ya kuma yi kasuwa sai ya zama hujja ga duk na bayansa.

Dalilin da ya sa dabarar ta ci a fim bata ci a dandamali ba yana cikin yanayin aikin ne. Fim kamar ginin bulo ne, ka ɗora layi biyu yau ka tafi gobe ka dawo ka ɗora, dandamali kuwa zubin dekin ne, in an fara sai an gama a ranar. A fim ana iya tattara duk wuraren da yake ciki a ɗauke su a kwanakin da yake da ƙarfi, ana iya tsayawa bayan minti biyu, ana iya sa wani ya yi gudun a nuna shi ta baya. A gaban 'yan kallo ɗari bakwai da suka biya kuɗi babu wanda zai ce a dakata ya sha magani, ga kuma halinsa na ƙara wuta duk lokacin da ya ji dariya, wanda a situdiyo darakta yana iya katse shi amma a dandamali babu mai iyawa. Dan haka hukuncin likitoci a kan dandamali daidai ne kuma ya bi shi, daga Afrilu 1974 bai sake hawa ba.

Shi ma ya kawo nasa, kuma wannan ɓangaren ake yawan mantawa in ana yabon furodusan. Ya bi dokar abincin shekara da shekaru, ya yarda a ga ramarsa a allo, ya yarda ya sassauta salon da ya kwashe shekara 30 yana ginawa, ya kuma ja yaro kusa da shi ya bashi fili maimakon ya ji kishi. Jarumai da yawa a matsayinsa da sun gwammace su zauna a gida da su bari a gansu sun rage ƙarfi.

Inda zuciyata bata kwanta ba shi ne ingancin abun da aka yi da shekarun nan da aka samo da ƙyar. Fina-finan jandarma biyu na ƙarshe sun kawo kuɗi amma tsohon zance ne aka sake ɗumamawa, kuma su ne suka fi neman ya koma tsawa da zazzare ido, alhali L'Aile ou la Cuisse da wasu wurare a La Soupe aux choux sun nuna akwai wani ɗan wasan daban a cikinsa mai sanyi da ban tausayi wanda ba a bashi isasshen fili ba. Sannan tsarin 'yan awanni a rana kusa da asibiti ba zai ɗauki irin fim ɗin Gérard Oury ba, mai jirage da motoci da ɗaruruwan mutane da tafiya ƙasashe. Fim huɗu suka yi tare tsakanin 1965 da 1973, tikiti sama da miliyan 41, su ne mafi kyawun aikinsa a wajena, kuma bayan Maris 1975 basu sake yin ko ɗaya ba duk da dukkansu biyun suna raye suna aiki har 1982.